Sunan Tasnim: daga ina ya samo asali, kuma namiji zai iya ɗauka?

Mai_jiran_haihuwa ta rubuta:

Assalamu alaikum 'yan uwa. Dan Allah wanda ya san Larabci sosai ko ya karanta tafsiri ya taimaka min da wannan. Ina da ciki wata bakwai kenan, kuma ni da maigidana mun yanke ba za mu tambayi likita mace ce ko namiji ba ko da an yi sikanin, mun bar wa Allah sai ranar da ya kawo. Shi ne muke neman suna guda ɗaya wanda ko me muka samu zai shiga, saboda muna so tun yanzu mu riƙa yi wa abin da ke cikin addu'a da sunansa. Maigidan ne ya kawo Tasnim, ya ce ya ji kalmar a karatun liman ta tsaya masa a rai, ni ma gaskiya ya min daɗi a baki kuma ba kowa ke da shi ba, amma da na shiga intanet na duba sai kaina ya ɗaure, wani shafin ya ce idon ruwa ne a Aljanna, wani ya ce iska mai sanyi, wani ya sa shi a jerin sunayen mata kawai, wani kuma a na maza. Sannan yayata ta ce ita ta taɓa jin kalmar a karatun babin jana'iza wai tana da alaƙa da kabari, wallahi tunda ta faɗi haka hankalina bai kwanta ba.

Toh mene ne ainihin ma'anarsa, maganar kabarin nan gaskiya ce? Kuma in namiji ne aka haifa ba matsala a sa masa? Na gode.

Ɗalibin_lugga ya rubuta:

Wa alaikumus salam 'yar uwa, Allah ya sauke ki lafiya. Ki kwantar da hankalinki, sunan yana da tushe mai kyau kuma ba sai kin dogara da shafukan nan ba, ki buɗe Alƙur'aninki da kanki. Suratul Muɗaffifina, sura ta 83, cikin izifin Amma, aya ta 27 da ta 28. A duk Alƙur'ani nan kaɗai kalmar ta zo, sau ɗaya tak. Ki fara karantawa daga aya ta 22 inda ake ba da labarin mutanen kirki suna cikin ni'ima a kan gadaje, ana gane ƙyallin ni'imar a fuskokinsu, ana shayar da su wani tataccen abin sha da aka rufe bakinsa, ƙarshensa almiski ne, sai aka ce abin da ake gauraya shi da shi daga Tasnim yake, sai aya ta gaba ta fassara da kanta ta ce wani idon ruwa ne da makusanta, wato bayin da suka fi kusanci da Allah, ke sha daga gare shi. Kin ga kenan ba mu buƙatar kowa ya gaya mana mene ne Tasnim, ayar da ke biye ta riga ta faɗa.

Abin da ya fi burge ni a wurin shi ne bayanin da Ibn Kasir ya kawo daga magabata irin su Ibn Mas'ud da Ibn Abbas, cewa makusanta su ne ke shan sa zalla ba gauraye, sauran 'yan Aljanna ma'abota dama kuwa ana ɗan zuba musu shi ne a cikin nasu abin shan. Wato a cikin Aljannar ma abin sha ne na can sama, kaɗan daga cikinsa ya isa ya gyara wani.

Ta fuskar lugga kuma, tushen kalmar haruffa uku ne, sin da nun da mim. Daga nan aka samu "sanam" wato tozon raƙumi, wuri mafi tsayi a jikinsa. Duk wanda ya karanta Arba'una Hadisi zai tuna hadisi na 29, na Mu'azu ɗan Jabal, inda aka ce kan al'amari Musulunci ne, ginshiƙinsa sallah, sai aka ambaci ƙololuwar tozonsa, toh wannan kalmar ce dai. Shi Tasnim masdari ne, wato sunan aiki, na aikatau "sannama", ma'ana ɗaukaka abu, a ɗaga shi ya yi sama. Shi ya sa malaman tafsiri suka ce an kira idon ruwan da haka ne ko dai don yana kwararo musu daga sama, ko don shi ne mafi darajar abin shan Aljanna, kuma biyun ba sa karo da juna.

Yanzu maganar yayarki, ba ƙarya ta yi ba, ta ji daidai. A littattafan fiƙihu akwai abin da ake kira tasnimin kabari, wato bayan an rufe mamaci a tara ƙasar ta yi ɗan tudu a tsakiya kamar tozo maimakon a baje ta. A Sahihul Buhari akwai ruwayar Sufyan Attammar cewa ya ga kabarin Annabi (SAW) a haka, kuma Malikiyya da Hanafiyya da Hanbaliyya sun fi son wannan siffar, Shafi'iyya kuma a mashhurin ra'ayinsu sun fi son a shimfiɗe shi. Amma ki lura kalmar ba ta nufin kabari ko mutuwa ko kaɗan, ɗagawa take nufi, sai an jingina ta ga kabari sannan ta ba da waccan ma'anar. Kamar yadda muke cewa wankan gawa ne, ai ba wanda zai ce kalmar wanka ta zama ta mutuwa saboda haka. Duk wanda ya sa wa ɗansa Tasnim na cikin ayar yake nufi, kuma Larabawan da harshensu ne ma haka suke fahimta in sun ji sunan.

Shi kuwa shafin da ya ce iska mai sanyi ya haɗa shi ne da Nasim. Haruffan tushensu iri ɗaya ne amma jerinsu daban, nun ce a farko sannan sin, kuma a Larabci da zarar jerin ya canza an shiga wata kalma dabam.

Hajiya_kaka ta rubuta:

'Yata Allah ya raba lafiya ya ba ki mai albarka. Malam ya yi bayani mai kyau ba abin da zan ƙara a kan ma'ana, ni dai ta ɓangaren yaron zan yi magana don na raini 'ya'ya na raini jikoki. Suna ba na iyaye ba ne, ku kwana kaɗan za ku yi kuna jin daɗinsa, shi ne zai ɗauke shi har tsufa, da shi za a kira shi a aji, da shi zai nemi aure, da shi 'ya'yansa za su cike takarda. Duk Tasnim ɗin da ni na taɓa ji mace ce, ban taɓa cin karo da namiji ba, kuma yara ba su san masdari ba ba su san tafsiri ba, abin da kunnensu ya saba ji shi suka sani, in suka ga yaro da sunan da suka san na 'yan mata ne za su sa shi a gaba, wani yaron yana da dakiya ya share wani kuma abin ya zauna masa a zuciya ya ƙi jinin sunansa alhali sunan mai kyau ne.

In mace ce wallahi ku sa da gudu, ya yi kyau ƙwarai. In namiji ne ni shawarata ku ajiye wani a gefe, ba a rasa ba, ga Abdullahi ga Abdurrahman waɗanda hadisi ya ce su ne mafi soyuwar sunaye a wurin Allah. Addu'a kuma ko ba suna tana isa, Allah ya san wanda ke cikin.

Mai_suna_biyu ya rubuta:

Mama da girmanki, maganarki akwai gaskiya a ciki sosai amma bari in faɗi nawa tunda ni abin a kaina yake. Ni namiji ne kuma sunana irin wannan ne, masdari, maza na ɗauka mata na ɗauka, kuma inda na taso mata sun fi yawa a masu shi. Na sha gani. Lokacin da na samu gurbin karatu sai da aka sa sunana a jerin ɗakin kwanan mata, na je da jakata na tsaya gaban allon sanarwa ina bin jerin maza da yatsa daga sama har ƙasa babu ni, sai wani ya leƙa ɗaya takardar ya ce ga ka nan, ranar sai da na yi ta zirga-zirga tsakanin ofis da ofis kafin a gyara. Har yau in aka turo min saƙon imel daga wanda bai san ni ba rabi da "Malama" ake farawa, in an kira waya na ɗauka a ce a ba mai wayar.

Amma in aka ce yau in canza wallahi ba zan canza ba. Dalili, mahaifina tun ina ƙarami ya zaunar da ni ya buɗe min inda kalmar take a Alƙur'ani ya sa yatsana a kai ya ce ga sunanka nan, ya gaya min abin da ya sa ya zaɓa min shi, toh tun daga nan duk wanda ya ce sunan mata ne sai in ce masa zo in nuna maka, kuma yawanci nan maganar ke mutuwa. Yaron da ke shan wahala shi ne wanda aka sa masa baƙon suna don kawai ya yi daɗi a kunne, a tambaye shi ma'ana bai sani ba a tambayi iyayen su ma ba su sani ba, ba shi da abin kare kansa. Ku kuwa ga shi tun kafin a haife shi kuna bincike.

Kuma a Hausa ruɗanin a takarda kawai yake, a baki ba ya daɗewa, da an ce "ya zo" ko "ta zo" an gama.

Ɗalibin_lugga ya rubuta:

Na dawo kan tambayar namiji ko mace don ɗazu ban taɓa ta ba, kuma maganar Hajiya da ta ɗan uwa duk suna da wurin zama.

A ƙa'idar Larabci kalmar Tasnim ba ta da alamar mace, babu ta-kuri a ƙarshenta, in ma nahawu za a bi lafazin na namiji ne. Amma masdari sunan aiki ne ko hali, ba ya nuna jinsin mai shi, shi ya sa irin waɗannan sunayen suke yawo tsakanin maza da mata gwargwadon ƙasa da zamani. Ilham a ƙasashen Larabawa galibi mace ce, amma shugaban Azarbaijan tun 2003 sunansa Ilham Aliyev. Iman a Masar mace ce, a Iran maza ke ɗauka. Ikram a Maroko da Aljeriya mata sun fi yawa, a Pakistan maza. Ihsan a Turkiyya kusan duk maza ne. Suna ɗaya, ma'ana ɗaya, kowace al'umma ta ja shi inda kunnenta ya kwanta.

Shi kansa Tasnim haka yake. A ƙasashen Larabawa mata suka fi ɗauka nesa ba kusa ba, wannan gaskiyar Hajiya ce. Amma a Bangladesh da Pakistan da Indiya kowa na ɗauka. Akwai ɗan jarida Tasneem Khalil ɗan asalin Bangladesh da ke zaune a Suwidin, namiji ne. Akwai Tasneem Zehra Husain 'yar Pakistan masaniyar kimiyyar fiziks, mace ce. Akwai Tasnim Mir 'yar wasan badminton ta Indiya da ta hau matsayi na ɗaya a duniya a rukunin matasa mata a 2022. Har kamfanin dillancin labarai akwai mai wannan sunan a Iran, an kafa shi a 2012.

Kuma kar mu ɗauka wannan sabon abu ne na zamanin intanet. Hindu da muka sani sunan mata, Nana Hadiza tana da ɗa namiji kafin aurenta da Annabi (SAW) sunansa Hindu ɗan Abu Hala. Cikin sahabbai akwai 'yan uwa biyu maza, Asma'u ɗan Harisa da Hindu ɗan Harisa. Juwairiyya sunan matar Annabi ne, amma a cikin maruwaitan Buhari akwai Juwairiyya ɗan Asma'u wanda ya ɗauki hadisi daga Nafi'u, shi namiji babansa Asma'u ma namiji. Ta ɗaya gefen kuma Hamza da Usama da Ɗalha da Huzaifa duk da ta-kuri suke ƙarewa, alamar mace kenan a rubuce, kuma ba wanda ya taɓa shakkar mazantakarsu. Sunayen da aka ruwaito Annabi (SAW) ya canza saboda ma'anarsu ne, Asiya mai nufin mai saɓo (ba irin sunan matar Fir'auna ba, rubutunsu a Larabci daban ne) ya mayar Jamila, Barra mai ɗauke da yabon kai ya mayar Zainab, ya so ya mayar da sunan Hazn, kakan Sa'idu ɗan Musayyib, ya zama Sahl amma shi Hazn ɗin ya ƙi. Tasnim ba ya cikin ko ɗaya daga waɗannan, ba muni ba yabon kai, fata ne kawai Allah ya sa mai shi cikin masu sha daga can.

Duk da haka ni ba zan ture maganar Hajiya ba, domin malamai sun yi la'akari da abin da mutane suka saba da shi, in a inda yaro zai rayu sunan ya riga ya keɓanta ga mata ƙaƙaf har zai zame masa abin gori, barinsa ya fi, haƙƙin ɗa ne a zaɓa masa sunan da ba zai ji kunyarsa ba. In kuma sunan baƙo ne gaba ɗaya mutane ba su riga sun ba shi jinsi ba, toh shi yaron ne zai ba shi. Wannan ku kuka san inda kuke, mu daga nan ba za mu iya yanke muku ba.

Baƙon_zaure ya rubuta:

Ni ƙarin da zan yi gajere ne, don masu karantawa daga baya. Dan Allah kar wani ya ga an yabi wannan ya ɗauka duk kalmar da ke Alƙur'ani ta zama suna. A cikin wannan surar dai aya ta 7 akwai Sijjin, inda ake ajiye littafin fajirai. A Suratul Ƙalam aya ta 13 akwai Zanim, ku ji yadda ya yi kama da Tasnim a kunne, amma zagi ne mai muni, wanda aka liƙa wa dangin da ba nasa ba. Zaƙƙum ma a Alƙur'ani yake. A karanta ayar gaba da baya tukuna. Sannan Ibnul Ƙayyim a Tuhfatul Maudud ya kawo cewa ba a son sa wa yara sunayen surori irin su Ɗaha da Yasin, har ya ambaci Imam Malik ya ƙi Yasin, amma Tasnim ba sunan sura ba ne, ɗan uwan Salsabil ne da ke Suratul Insan aya ta 18, shi ma idon ruwa ne a Aljanna.

Mai_jiran_haihuwa ta rubuta:

Kai Allah ya saka muku da alheri gaba ɗaya, wallahi kamar an sauke min kaya. Na buɗe surar na karanta daga aya ta 22 zuwa ta 28 har sai da na yi hawaye, na tura wa yayata bayanin kabarin ita ma ta gamsu. Mama na ji maganarki kuma na karanta wa maigidan, mun tsaya a kan in mace ce Tasnim kai tsaye, in namiji ne za mu haɗa masa da wani sunan maza a gaba ya zama yana da biyu, in ya girma ya ga wanda ya fi masa. Yaya Mai_suna_biyu in sha Allah za mu yi yadda mahaifinka ya yi.

Saura abu ɗaya, wajen rubutawa a takardar haihuwa, na ga wasu na sa Tasneem wasu Tasnim har da Tasnime da Tesnim, wanne ne daidai?

Ɗalibin_lugga ya rubuta:

Duk abu ɗaya ne 'yar uwa, a Larabci rubutunsa guda ne, تسنيم, ta da sin da nun da ya da mim, ana jan wasalin ƙarshe. Bambancin daga masu mayar da shi boko ne, inda Turancin Ingila ya yi tasiri kamar Pakistan da Indiya suna sa ee biyu don nuna jan, masu Faransanci kan ƙara e a ƙarshe don a furta mim ɗin sosai, Turkawa kuma Tesnim suke cewa. Mai karatun Hausa in ya ga Tasneem zai iya karanta shi da e ya ɓata furucin, don haka ni Tasnim zan zaɓa.

Ku dai tsaya a kan guda ɗaya tun daga takardar haihuwa, katin rigakafi, rajistar makaranta har fasfo, harafi ɗaya in ya bambanta tsakanin takardu biyu gyaransa wahala ne daga baya. Kuma ku duba da idonku kafin ma'aikacin ya buga, don hannu ya fi sabawa da Taslim da Yasmin, cikin sauƙi nun ɗin ke komawa lam ko a juya haruffan ya zama Tasmin. In sunan biyu za ku haɗa ku tabbatar an rubuta na farko a gurbin suna na farko, Tasnim a na tsakiya, kuma a cike gurbin jinsi a gabanku.